Malam Abdullahin Gwandu: Malamin Da Rigar Fada Ba Ta Ruɗe Shi Ba

Filin tarihin magabata na wannan fitowar ya kawo muku rayuwar Malam Abdullahi ɗan Fodiyo, wanda aka fi sani da Abdullahin Gwandu, ƙanen Mujaddadi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo. Kusan kowa a cikinmu ya san sunan Shehu da na ɗansa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, amma ba kowa ya san labarin Malam Abdullahi ba. Shi ne mutum na farko da ya yi wa Shehu mubaya'a, kuma shi ya jagoranci babban yaƙin farko na jihadi. Bayan an yi nasara kuma, shi ya fi kowa ɗaga murya da ya ga wasu daga cikin mutanensu sun fara kwaɗayin manyan riguna da dawaki irin na sarakunan da suka kayar. A kan wannan magana ta tufafi da fada zan fi tsayawa.

Haihuwarsa da karatunsa

An haifi Malam Abdullahi wajajen shekarar 1766 a ƙasar Gobir. Mahaifinsa shi ne Malam Muhammadu Fodiyo, Bafulatani daga zuriyar Toronkawa, gidan da aka sani da karatu tun kaka da kakanni. Shehu Usmanu an haife shi a 1754, wato ya girme shi da kamar shekara 12. Sun zauna a Degel, wani ƙauye da yanzu yake cikin Jihar Sakkwato.

A hannun mahaifinsa ya yi karatun Alƙur'ani. Da ya kai shekara 13, shekarun da yawancinmu 'yan ƙaramar sakandare muke ciki yanzu, sai mahaifinsa ya danƙa shi a hannun yayansa Usmanu. A wurinsa ya karanta littattafan da har gobe ake karantawa a zaurukan garuruwanmu, irin su Ahalari da Ishmawi da Risala da Ishiriniya, tare da nahawu da tauhidi da waƙoƙin Larabawa. Ya saurari Sahihul Buhari a wurin Malam Muhammadu ɗan Raji, ya kuma ɗauki karatu a wurin Malam Jibrilu ɗan Umaru, wanda shi ma malamin Shehu ne. Daga baya ya rubuta ɗan littafi mai suna Ida'un Nusukh, inda ya jera sunayen malamansa da abin da ya koya a wurin kowannensu, don kada a manta da su.

Da Shehu ya fara yawon wa'azi a ƙasashen Kabi da Zamfara, Abdullahi yana tare da shi duk inda ya sa ƙafa. Akwai lokacin da wani malami mai suna Mustafa Gwani ya soki Shehu saboda mata suna zuwa wurin wa'azinsa. Shehu ya umarci Abdullahi ya ba shi amsa. Abdullahi ya amsa masa da waƙar Larabci, ya nuna cewa barin mata cikin jahilcin addininsu ya fi zuwansu wurin karatu illa.

Darajar tufafi a wancan zamani

Kafin mu gane rigimar da ta biyo baya, sai mun san yadda tufafi suke a lokacin. Yau mutum zai shiga kasuwar Ƙanƙara ko ta Sheme ya yanki yadi biyar na shadda ya kai wa tela. A zamanin Malam Abdullahi babu injin saƙa, babu keken ɗinki. Sai an tsinko auduga a gona, an gurje ta an cire angurya, mata sun kaɗa zare da mazari. Sannan masaƙi ya saƙa shi siriri, faɗinsa bai wuce tafin hannu ba, maɗinki ya haɗa guntayen da allura ɗaya bayan ɗaya. In ana son baƙi, a kai wa marini ya yi ta tsomawa a karofi cikin ruwan baba, daga nan mabugi ya buge shi har ya yi ƙyalli. Riga ɗaya tana cin aikin mutane da yawa na tsawon lokaci. Saboda haka talaka bai cika mallakar riga fiye da ɗaya ko biyu ba.

Fada kuwa wani abu ne daban. Ayarin raƙuma yana ratso Sahara daga Tarabulus, ya biyo ta Agadas ya sauka a Katsina da Kano, ɗauke da alharini da jan mulufi da alkyabbu. Waɗannan kaya sarakuna da hakimai da manyan attajirai ne suke iya sayensu. Sarki yana ba da kyautar riga ga wanda ya so, kuma wanda ya karɓi rigar sarki da wuya ya iya buɗe baki ya gaya masa gaskiya. Kuɗin wannan ado kuwa daga jikin talakawa yake fitowa. A littafin Kitabul Farƙi, Shehu ya lissafa abubuwan da sarakunan lokacin suke ɗora wa jama'a, kamar jangali da kuɗin gari da kuɗin salla da gaisuwa, ya kuma soki yadda suke sa duk tufar da ransu ya so ba tare da duba halal da haram ba. Mun sani a Musulunci an hana maza sa alharini da zinariya.

Su kuma almajiran Shehu suna da tasu alamar. Maza suna naɗa rawani, mata suna lulluɓi. Da ganin mutum a kasuwa an san ɓangaren da yake.

Daga Magami zuwa Gudu

Wajajen shekarar 1788, Sarkin Gobir Bawa Jangwarzo ya tara malaman ƙasarsa a Magami don Babbar Salla, ya raba musu kyaututtuka. Abdullahi yana wurin. An ba Shehu misƙali 500 na zinariya, bai karɓa ba. A madadin haka ya nemi abu biyar: a bar shi ya kira mutane zuwa ga Allah, kada a hana kowa amsa kiran, a girmama duk mai rawani, a saki fursunoni, kuma a rage wa talakawa nauyin haraji. Bawa ya amince. Ku lura, a cikin buƙatu biyar ɗin nan ɗaya a kan rawani take.

Bayan Bawa sai Yakuba, bayan Yakuba sai Nafata. Nafata ya ga jama'ar Shehu tana ta ƙaruwa, sai ya sa aka yi shela a kasuwanni cewa ban da Shehu babu mai yin wa'azi, wanda bai gaji Musulunci daga ubansa ba ya koma addininsa na da, maza su daina naɗa rawani, mata su daina lulluɓi. Ashe ɗan ƙyallen da ake naɗawa a kai ya isa ya hana sarki barci.

Da Yunfa ɗan Nafata ya hau gadon sarauta a Alƙalawa, abin ya ƙara zafi. An ruwaito cewa ya kira Shehu fada, Abdullahi ya raka shi, Yunfa ya ɗana bindiga zai harbi Shehu, wutar ta dawo ta ƙone shi. Daga baya dakarun Gobir suka afka wa mutanen Malam Abdussalami a Gimbana, suka kwashe su a matsayin bayi. Da aka biyo da su ta kusa da Degel sai jama'ar Shehu suka kwance su. Zama ya gagara. A watan Fabrairu na 1804 Shehu da jama'arsa suka yi hijira daga Degel zuwa Gudu. A can aka zaɓi Shehu ya zama Amirul Muminina. Abdullahi ya fara miƙa hannu ya yi mubaya'a, sannan Bello. Shi ne kuma ya zama wazirin Shehu.

A watan Yuni na wannan shekara aka gwabza a Tabkin Kwatto. Gobirawa sun zo da dawaki masu lifidi, wato sulken da ake cusa wa auduga don kibiya ta kasa shiga. Mutanen Shehu yawancinsu a ƙasa suke, da baka da kwari. Abdullahi ne shugaban rundunar, kuma Allah ya ba su nasara, Yunfa ya gudu. Amma ba kullum ake kwana a gado ba. A ƙarshen 1804, a Tsuntsuwa, an kashe musu mutum kusan 2,000, cikinsu har da mahaddatan Alƙur'ani kimanin 200. A 1805 Abdullahi ya jagoranci cin Birnin Kabi. A ƙarshen shekarar kuma suka sha kashi a Alwasa, bayan wasu daga cikin mayaƙa sun ƙi jin magana sun washe wani gari da yake zaman lafiya da su.

Ranar da ya juya wa runduna baya

Jihadi ya ci gaba da yaɗuwa har ya iso ɓangarenmu. Bello ya ci 'Yandoto, tsohon garin malamai da ke kusa da Tsafe, maƙwabtan Faskari. Malam Ummarun Dallaje da abokansa suka karɓi tuta suka ci Katsina, gidan tsohuwar sarauta ya koma arewa, inda daga baya suka kafu a Maraɗi. Kano ma ta shiga hannu. Yadda ƙasa take ƙara faɗi, haka ganima take ƙara yawa.

A nan ne ran Malam Abdullahi ya ɓaci. Yawancin abokansa na gaskiya, waɗanda suka yi karatu tare a Degel, sun yi shahada. Waɗanda suka cike gurbinsu da yawa ba don Allah suka shigo ba. Ya ga ana rububin sarauta, ana tara ƙwaraƙwarai da riguna masu tsada, ana cin hanci, ana sukuwa a kan dawaki a cikin gari ana kaɗe-kaɗe. Abin da aka yaƙi fadar Alƙalawa a kansa, shi ne yake tsirowa a cikin gida.

Wajajen 1807, runduna tana kan hanyar zuwa yaƙi, sai ya ware da 'yan mutane kaɗan ya nufi gabas. Niyyarsa ya tafi Makka da Madina ya bar ƙasar gaba ɗaya. Ku tuna fa, wannan shi ne mutum na biyu a daular, wazirin Shehu, gwarzon Tabkin Kwatto. Da riga yake so, babu rigar da za ta gagare shi.

Da ya isa Kano, zamanin Sarki Sulaimanu, sai ya tarar da irin abin da ya gudo wa. Mutanen Kano suka roƙe shi ya tsaya ya koya musu yadda ake mulki bisa shari'a. Ya tsaya, ya karantar da su tafsirin Alƙur'ani, ya kuma rubuta musu littafin Diya'ul Hukkam, wato hasken mahukunta. A cikinsa ya yi bayanin yadda ake zaɓen shugaba, da haƙƙin talakawa a kansa, da aikin alƙali, da inda dukiyar baitulmali ta halatta ta fito da inda za a kashe ta. An ruwaito cewa har gangunan fada ya sa aka mai da su komin da dawaki suke cin abinci a ciki. Bayan haka ya fasa tafiyar ya koma wurin yayansa. A watan Oktoba na 1808 Alƙalawa ta faɗi a hannun rundunar Bello, aka kashe Yunfa.

Ko da ya dawo, bai canza ra'ayi ba. A kan wannan magana har da Shehu sun sami bambancin fahimta, kowa ya rubuta hujjarsa a littafi. Shehu ya yi sassauci, yana ganin shugaba da alƙali za su iya sa tufa mai kyau don jama'a su ga kwarjininsu. Abdullahi ya tsananta, yana tsoron in an buɗe wannan ƙofa kaɗan, alharini da zinariya da ganguna da sunayen sarautar da za su dawo gaba ɗaya. Duk da haka bai taɓa fita daga biyayyar Shehu ba, shi ma Shehu bai daina yabon iliminsa ba.

Irin wannan ya faru a Faransa

Abin da Malam Abdullahi ya ji wa tsoro ba a ƙasar Hausa kaɗai ya taɓa faruwa ba. A daidai waɗannan shekaru, a can Turai, ƙasar Faransa tana cikin nata rikicin. Sarkinsu Luwi na 16 da matarsa Mari Antuwanet suna zaune a ƙasaitacciyar fadar Bersai, fadawa suna gasar ado, talakawa kuma suna fama da haraji da tsadar burodi. Kusa da fadar, a wani gari mai suna Juwi, akwai masana'antar da wani mutum mai suna Obakamf ya kafa a 1760, inda ake buga zanen furanni da hotuna a jikin yadin auduga, kusan yadda ake buga atamfa a yau. Masu irin wannan sana'a a Turai har da ƙaron da ake kai musu daga Senegal suke kaurara rininsu. A 1783 sarki ya ba masana'antar lambar fada, a 1787 kuma ya ɗaga mai ita zuwa sahun masu sarauta.

A 1789, kusan lokacin taron Magami, talakawan Faransa suka yi bore. Su ma da tufa ake gane ɓangare: masu sarauta suna sa wando iya gwiwa da doguwar safa, 'yan bore suna sa dogon wando irin na leburori. A 1793 aka kashe sarki da matarsa. Amma a watan Disamba na 1804, shekarar hijirar Gudu, wani sojan da juyin ya ɗaukaka mai suna Napoliyon ya naɗa kansa babban sarki, sanye da alkyabbar jan karan-miski mai aikin zinariya. A 1806 ya je Juwi da kansa ya maƙala wa Obakamf lambar girma. Fada ta dawo, masu shiga cikinta ne kawai suka canza.

Dalilin jihadin Shehu daban ne da na boren Faransa. Ɗaya don gyaran addini aka yi shi, ɗayan kuwa har da malaman coci ya yaƙa. Inda suka yi kama shi ne jarrabawar da take zuwa bayan nasara, wato ko wanda ya kayar da mai alkyabba zai iya kawar da ido daga alkyabbar.

Bayan rasuwar Shehu

A 1812 Shehu ya raba kula da daula gida biyu. Ya ba Bello gabas, ya ba Abdullahi yamma, ɓangaren da ya zama ƙasar Gwandu. Abdullahi ya zauna a Boɗinga, kusa da Sifawa inda Shehu yake a lokacin. A watan Afrilu na 1817 Shehu ya rasu a Sakkwato. Kafin Abdullahi ya iso, an riga an yi wa Bello mubaya'a, kuma ya tarar an rufe ƙofar gari. Abin ya yi masa ciwo. Amma bai tara runduna don ya ƙwaci mulki ba, sai ya juya ya tafi Gwandu.

Bayan 'yan shekaru mutanen Kalambaina suka yi masa tawaye, abin ya yi tsanani. Bello ya taso da rundunarsa ya kawo wa baffansa gudunmawa, suka ci garin tare. Masu tarihi sun ruwaito cewa da suka haɗu bayan yaƙin, Bello ya yunƙura zai sauko daga kan doki don girmama baffansa, sai Abdullahi ya yi masa alama ya zauna, ya gaishe shi a matsayin Sarkin Musulmi. An kuma ruwaito cewa ya miƙa alkyabbarsa ga Giɗaɗo ɗan Laima, alamar ya sallama masa wazirci. Da haka rigimar ta mutu, Sakkwato da Gwandu suka ci gaba da tafiya tare.

Littattafansa da rasuwarsa

A ƙarshen rayuwarsa ya bar yawancin harkar mulki a hannun ɗansa Muhammadu da ɗan ɗan'uwansa Buhari, ya koma ga abin da ya fi so, wato karantarwa da rubutu. Ya bar littattafai masu yawa. Akwai Diya'ut Ta'awil, babban tafsirin Alƙur'ani da har yanzu malamai suke karantarwa, da Kifayatu Du'afa'is Sudan, tafsiri mai sauƙi da ya yi don waɗanda karatunsu bai yi zurfi ba. Akwai Bahrul Muhiɗ a kan nahawu da Hisnur Rasin a kan sarfu, dukansu a waƙe. Akwai kuma Tazyinul Waraƙat, inda ya tara waƙoƙinsa tare da labarin abin da ya sa ya yi kowacce. A cikin wannan littafi akwai labarin abin da ya faru a Magami da Tabkin Kwatto da tafiyarsa Kano.

Allah ya yi masa rasuwa a Gwandu a shekarar 1829, kuma a can kabarinsa yake. Zuriyarsa ce take riƙe da sarautar Gwandu har yau, fadar Sarkin Gwandu da ke Birnin Kabi ma sunansa aka sa mata.

Abin da za mu ɗauka

Malam Abdullahi bai ce sa tufa mai kyau haramun ba ne, kuma bai raina masaƙa da marina ba. Tambayarsa ita ce daga ina kuɗin rigar ya fito, kuma me rigar take sa mai ita ya manta. Wannan tambaya ta shafe mu. Manoman Faskari da Sabuwa da Ƙanƙara har yanzu suna noma audugar da ake kaiwa Funtuwa, kuma sun san wahalar da ke cikin kowane buhu. Yankinmu ya sha fama da rashin tsaro, gonaki da yawa sun kwana ba a nome ba, wasu 'yan uwanmu sun bar karatu. A irin wannan hali, in mai neman shugabanci ya zo da babbar riga mai aiki da jerin motoci yana raba atamfa, ya kamata iyayenmu su tuna da abu biyar da Shehu ya nema a Magami a madadin zinariya.

Mu ma ɗalibai akwai namu. Wanda aka ba shugaban ɗalibai ko mai kula da aji, ya duba ko bulalar da ya yi kuka da ita bara ita yake ɗaga wa na ƙasa da shi bana. Wanda babansa bai samu yi masa sabon ɗinkin salla ba, kada ya ƙi fita, kada kuma abokansa su yi masa dariya. Wanda kuma ya yi faɗa da ɗan'uwansa, ya tuna yadda dattijo mai shekara fiye da 50 ya gaida ɗan yayansa a Kalambaina don jama'a su zauna lafiya.

Allah ya jiƙan Malam Abdullahin Gwandu da Shehu Usmanu da sauran magabatanmu, ya ba yankinmu zaman lafiya, ya ba mu ilimi mai amfani. Amin. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.